Baffanmu na mana barazana kan gonar gado, kotu za ta iya haɗa mu da 'yan sanda?

Ɗan Taura:
Slm jama'a dan Allah masu sanin shari'a ku taimaka. Mu daga wajen Ringim muke, mahaifinmu ya rasu ya bar mana gona, yanzu baffanmu ya taso wai aro ya ba marigayi, magana dai tana gaban alƙali a kotun musulunci. To 'ya'yansa sun ce duk wanda ya sa garma a gonar sai dai a kwashi gawarsa, ranar da muka kai taki har da adda suka zo wlh. Ga damina ta kawo kai. Alƙali zai iya ba da oda 'yan sanda su raka mu mu yi shuka?

Abu Khadija:
Wslm, Allah ya jiƙan baba. Ɗan'uwa magana biyu ce kar ka haɗe su. Waye mai gona, wannan ta alƙali ce, in ka kai wa DPO ita cewa zai yi ku koma kotu, kuma da gaskiyarsa don dokar 'yan sanda ta 2020 ta hana su kama mutum kan rigimar da ba ta laifi ba. Amma barazanar kisa laifi ne mai zaman kansa a Penal Code, wato kundin dokokin hukunta laifuka, ita za ka kai caji ofis da shaidun da suka ga addar, in ba a motsa ba lauya ya rubuta wa kwamishinan 'yan sanda a Dutse ko ku shigar da ƙorafi kai tsaye a kotun majistare, za a iya sa su ɗaukar alkawarin zaman lafiya da mai tsaya musu. Sannan a kotun da ake shari'ar ku nemi oda a rubuce ta hana su shiga gonar, a rubuta a ciki cewa 'yan sanda su tabbatar an bi ta. Sai dai ka sani alƙali na iya cewa kowa ya tsame hannu har a yanke hukunci, har da ku.

Manomi ne ni:
Hmm oda kam ana bayarwa, amma kar ka zaci ɗan sanda zai tare a gonarka har kaka. Rana ɗaya za su zo, noma da maimai fa wa zai raka ka?

Maman Walid:
Ni dai ƙanina ka sa dagaci da maƙwabtan gonar a ciki, su suka san iyaka da wanda ya daɗe yana nomawa, kuma yaran nan sun fi jin kunyar hakimi. In ba kuɗin lauya ku je Legal Aid, hukumar gwamnati mai ba marasa hali lauya, kyauta ne.

Ɗan Taura:
Na gode Yaya. Abu Khadija to in aka ce kowa ya tsame hannu, takin da muka zuba fa?

Abu Khadija:
Ku faɗa wa alƙali a rubuta shi, wanda ya ɗauko muku a amalanke ma shaida ne.