Tambaya kan Lady Bird Johnson: 'yar rajin kare muhalli ce ko mai ƙawata gari kawai?

Malamar Mabera:

Assalamu alaikum. Ina koyarwa a wata makarantar sakandare ta 'yan mata a nan Sakkwato, kuma an ɗora mini kula da ƙungiyar ɗalibai masu dashen itatuwa. Ina son in ba su tarihin wata mace da ta yi wa muhalli hidima tana kusa da mulki, sai wani abokin aiki ya ambata mini Lady Bird Johnson, matar shugaban Amurka na 36. Abin da ya ɗaure mini kai shi ne, duk inda aka yi maganarta, zancen furanni ake yi. Shin da gaske mai kishin muhalli ce tun asali, ko kuwa irin aikin nan ne da matan shugabanni kan ƙirƙiro idan sun shiga fadar gwamnati, su tafi da abinsu ranar da suka fita? Ina neman ƙarin haske daga malamanmu na wannan zaure.

Malamin Tarihi, Runjin Sambo:

Wa alaikumus salam, Malama. Sunanta na yanka Claudia Alta Taylor, an haife ta a ranar 22 ga Disamba, 1912, a ƙauyen Karnack da ke gabashin jihar Texas. Mahaifiyarta ta rasu tana da shekara biyar, don haka ta taso cikin kaɗaici, tana yawan yawo a dazuzzukan yankin da bakin tafkin Caddo, kuma daga nan ƙaunar tsirrai ta shiga ranta. Ta yi karatun tarihi da aikin jarida a Jami'ar Texas, sannan ta auri Lyndon Johnson a 1934.

Ya kamata ɗalibanki su san cewa ba 'yar rakiya ba ce a gidan mijinta. Da kuɗin gadonta ta taimaka masa ya tsaya takarar majalisar wakilai a 1937, ita ta riƙe masa ofis lokacin da ya tafi aikin sojan ruwa a Yaƙin Duniya na Biyu, kuma a 1943 ta sayi gidan rediyon KTBC a birnin Austin, wanda ya zama tushen arzikin iyalin. Ta zama uwargidan shugaban ƙasa a Nuwamban 1963 bayan kisan John Kennedy. A 1964, lokacin da fararen fatar kudancin ƙasar ke fushi da dokar 'yancin baƙar fata da mijinta ya sa wa hannu, ta shiga jirgin ƙasa ta ratsa jihohi takwas na kudu tana yaƙin neman zaɓe, ana yi mata ihu a wasu tashoshin, ba ta fasa ba. A 1965 ta kafa kwamitin gyara birnin Washington, ta nace a kai dashen har unguwannin talakawa, kuma ta yi aiki kafaɗa da kafaɗa da sakataren cikin gida, Stewart Udall, wajen jawo hankalin jama'a ga gandun dajin ƙasa.

Ɗalibar Shari'a, Gidan Igwai:

Allah ya gafarta Malam, ban musa ko ɗaya daga abin da ka kawo ba, sai dai ina ganin a gaya wa yara gaskiya game da dokar ƙawata manyan hanyoyi ta Oktoban 1965, wadda ita ce aka fi jingina mata. Manufar dokar ita ce rage allunan talla da killace wuraren jibge tsofaffin motoci a gefen manyan hanyoyin tarayya, amma kamfanonin talla sun matsa wa majalisa lamba har aka sassauta ta: aka bar alluna a yankunan kasuwanci da masana'antu, aka kuma wajabta biyan diyya ga wanda aka cire allonsa. Saboda haka alluna da yawa sun ci gaba da tsayuwa. Akwai kuma tambayar da ba na son a tsallake, wato ko ya dace wadda ba a zaɓe ta ba ta riƙa kiran 'yan majalisa tana neman ƙuri'unsu a kan doka.

Tsohon Ma'aikacin Gandun Daji, Illela:

'Yata ɗalibar shari'a ta yi magana mai nauyi, amma ni, Malama, ga inda zan auna ta: me ta yi bayan mulki ya bar hannunsu a 1969? A 1982, ranar da ta cika shekara 70, mijinta ya riga ya rasu tun 1973, ita da 'yar wasan kwaikwayo Helen Hayes suka kafa cibiyar binciken tsirran daji a Austin, ta ba da fili da kuɗi daga aljihunta. Cibiyar tana nan, tun 2006 tana ƙarƙashin Jami'ar Texas, ita kuwa ta rasu a 2007. Mai neman suna kawai ba ta yin wannan wahalar a irin wannan shekarun.

Abin da cibiyar ke koyarwa shi ne wanda ya shafe mu kai tsaye: tsiron da ya saba da ƙasarsa ba ya buƙatar yawan ban ruwa ko feshin magani. Na yi shekaru ina ganin ana bikin dashe da damina, a jera kujeru, a ɗauki hoto, kafin watan Maris akuya ta cinye rabi, rana ta ƙone saura, domin babu wanda aka ɗora wa kewaye su da ƙaya ko ba su ruwa. Dogon yaro, wanda asalinsa daga Indiya yake, ya yi mana rana wajen inuwa, ba na raina shi, amma a Illela da Gada da Tangaza manomi ya fi murna da gawo, wanda ke kaɗe ganyensa da damina ya bar gero ya sha rana, ya kuma ba dabbobi 'ya'yansa da rani. Haka aduwa da kurna da magarya da bagaruwa. Shirin babbar katangar itatuwa da Tarayyar Afirka ta amince da shi a 2007, wanda jiharmu ke cikinsa, zai fi ɗorewa inda aka yi la'akari da wannan.

Malamar Mabera:

Na gode ƙwarai, Allah ya saka da alheri. Zan kawo musu tarihin tare da sukar dokar, su yi muhawara a kai. Baba na Illela, ina roƙon ka bayyana mana yadda ake jiƙa irin gawo da na bagaruwa kafin a shuka, da watan da ya fi dacewa a fara reno a leda, domin muna son mu shirya kafin saukar ruwan farko.