Me zai sa masu bin jijiyar ƙasa su ci gaba da yawo bayan an zana taswira?

Alƙalamin_Dare:

Assalamu alaikum, 'yan'uwa marubuta. Ina rubuta dogon labari na ƙirƙirarriyar duniya, kuma na cije a wuri ɗaya.

A duniyar tawa akwai wani ƙarfi da ke gudana a ƙarƙashin ƙasa, ido ba ya ganinsa, na sa masa suna Jijiya. Inda ya taso kusa da sama, ƙarfe yakan yi ɗumi da kansa, tsuntsu ba ya sauka, wanda ya kwana a wurin kuma sai ya yi mafarkin da ba nasa ba. Akwai wasu mutane da ake kira Masu Sawu, sun bar gida da dukiya suna bin Jijiyar a ƙafa, suna zana hanyarta a kan fata. Su kaɗai suka san yadda ake ɗibarta a kunna fitila ko a ɗora karaya. Jarumata almajirar wata tsohuwa ce a cikinsu.

Ga damuwata: ƙungiyar ta kai shekara 300 a labarin. To ai da tuni sun gama taswirar. Me zai hana su gina gida a kan babbar mahaɗar hanyoyin Jijiyar su zauna, sarakuna su riƙa zuwa neman alfarma? Ba na son in ce alwashi suka ɗauka kawai, domin mai karatu zai ji hannuna a ciki. So nake dalilin ya fito daga halin ƙarfin kansa. Sannan da me suke aunawa? "Ta rufe ido ta ji a jikinta" ya ishe ni.

Baban Safiyya:

Wa alaikumus salam, Malama. Amsar tambayarki ta farko tana nan cikin duniyarmu: ki sa Jijiyar ta riƙa gusawa.

Maganaɗisun ƙasa haka yake. Allurar kamfas ba ta nuna ainihin arewa, takan kauce kaɗan, kuma kaucewar tana sauyawa da shekaru. A Landan an auna ta a 1580, an samu kusan digiri 11 zuwa gabas. Da aka sake aunawa a 1634 ta koma kusan digiri 4, a nan wani masanin lissafi, Henry Gellibrand, ya gane cewa abin da kansa ne ke tafiya. Daga baya masanin taurari Edmond Halley ya shiga jirgin ruwa ya zaga Tekun Atlantika yana awo, ya fitar da taswirarsa a 1701 mai lanƙwasassun layuka da ke haɗa wuraren da kaucewarsu ɗaya. Taswira ce mai kyau ƙwarai, amma tun ranar da aka buga ta ta fara tsufa.

Idan Jijiyarki haka take, wanda ya zauna ya rasa ta. Kuma kin samu kayan labari kyauta: birnin da aka gina a kan mahaɗa, yanzu ƙarfin ya bar shi, fitilun fada suna mutuwa ɗaya bayan ɗaya, sarki kuma yana zargin Masu Sawu da sace masa ita. Tsoffin fatun ma sai su yi daraja, domin wanda ya jera na kaka da na jika zai iya hasashen inda za ta nufa.

Mai_Kamfas:

Yaya, kan batun awo, ki karanta tarihin Nain Singh. A lokacin da Tibet ta rufe ƙofa ga Turawa, ma'aikatar safiyo ta Birtaniya a Indiya ta horar da shi ya shiga a ɓoye, ya isa Lhasa, babban birnin Tibet, a 1866. An koya masa taku mai tsayi ɗaya, taku 2,000 mil guda. Carbin 'yan Buddha yana da ƙwaya 108, nasa an mai da shi 100 don lissafi ya zo da sauƙi, yana jan ƙwaya ɗaya duk bayan taku 100. Takardun awonsa yana cusa su cikin 'yar gangar addu'ar da ake juyawa a hannu. Tsayin dutse kuwa, ruwa yake tafasawa ya auna zafinsa, domin yadda ka ƙara hawa haka ruwa ke tafasa da ƙarancin zafi.

Abin da ya sa na kawo shi: duk wanda ya gan shi a hanya zai ce mai ibada ne ke wucewa, alhali aiki yake. Naki mutanen za su iya zama duka biyun da gaske. Ki ba tsohuwar zoben ƙarfe a zare, tana saukar da shi ƙasa tana ƙirga numfashi nawa zai ɗauka kafin ya yi ɗumi. Numfashi 40 Jijiya na nesa, numfashi 5 a tashi a bar wurin. Da wannan almajirar za ta iya kuskuren ƙirga, wata rana ma ta yi ƙarya a kai.

Uwar Tagwaye:

Ni abin da ban gani ba shi ne abin da suke biya. In suna ɗiba su warkar da karaya ba tare da sun rasa komai ba, ban ga abin tsoro ba. Tunda kin ce mai kwana a wurin yana mafarkin wani, ki ja zaren nan: duk ɗiba tana tafiya da wani abu daga cikin tunaninsu. Tsohuwar ta san kowace mahaɗa a duniya, amma ta manta fuskar ɗanta. Shi ya sa suke rubuta komai a fata, kuma shi ya sa ba sa tafiya su kaɗai.

Alƙalamin_Dare:

Allah ya saka muku da alheri. Baban Safiyya, na ɗauki gusawar, amma zan sa ɗibar da mutane ke yi ce take korar Jijiyar, don Masu Sawu su ma su zama da hannu a mutuwar birnin. Zoben ya shiga babi na biyu. Uwar Tagwaye, shawararki ta taɓa ni sosai, sai dai ta buɗe mini wata tambayar: in tsohuwar ta manta abin da ta koyar jiya, kuma fatar da ke hannun almajirar ta saɓa wa abin da zoben ke nunawa yau, wanne yarinyar za ta bi?