Abin da dattawan Gangare suka faɗa wa matasa masu son takara

A zaman da matasan unguwa suka yi da wasu dattawa a Gangare, nan Jos, zaɓen gwamnoni na 1979 ne ya cinye hirar.

Shawarar da aka fi nanatawa ita ce kada a ci kujerar gwamna a bar majalisa a hannun 'yan adawa. Balarabe Musa ya ci Kaduna a jam'iyyar PRP, amma jam'iyyar NPN ce ke da rinjaye a majalisa. Suka ƙi amincewa da kwamishinoninsa, suka kuma tsige shi a watan Yunin 1981. Wani dattijo ya ce ko a yau, mutum ya fara duba wa ke neman majalisar jiha a mazaɓarsa kafin ya liƙa fostar gwamna, kuma ina ganin da gaskiyarsa.

Kan sauya sheƙa kuwa, sun ce jama'a ba lallai su bi ka ba. Abubakar Rimi, gwamnan Kano na lokacin, ya bar PRP ya koma NPP, Sabo Bakin Zuwo na PRP ya kayar da shi a 1983. Solomon Lar, da ya zauna daram a NPP ɗinsa ko bayan ƙawancenta da NPN ya watse, ya sake cin Filato a shekarar.