Musayar Waƙa: Faransa Bayan Kayen Sedan

Mai Alƙalami:
Salamu alaikum. Amsa-amonmu na yau "sa" ne. Bismillah.

A 1870 aka yi gumurzu,
Garin Sedan ya binne alfaharin Faransa.
Napoleon na Uku, mai kambun sarauta,
Ya miƙa wuya ga Prusiya, ƙasar Jamusawa, da kansa.
Kwana biyu tsakani Paris ta miƙe,
Ta tuɓe shi, jamhuriya ta gaji gadonsa.
Ina tambayar 'yan uwa masu baiti,
Wa ya tsaya a ranar, wa ya kasa?

'Yar Gobir:
Malam, Allah ya ƙara basira, ga tawa,
Minista Gambetta namiji ne, ban rage masa.
Jamusawa sun yi wa Paris ƙawanya, ba mafita,
Ya hau balan-balan, ya fice ta bisa.
Ya tara sababbin dakaru a Tours,
Sun sha kashi, amma ba su yi wasa.
A birni yunwa ta kai su ga ɓera,
Giwar gidan namun daji ta shiga tasa.
Aka yanke Alsace da sashen Lorraine,
Faran biliyan 5 Bismarck na Jamus ya ƙakaba wa ƙasa.
Suka ɗaure ciki, suka tara bashi,
A 1873 suka gama biyansa.

Ɗan Kurmi:
Yaya, kin yi yabo, kin tsallake Mayu,
Na 1871, ba ni mance zafinsa.
Talakan Paris da ya jure wa yunwa,
Ya ƙi sulhun manya, ya kafa mulkin kansa.
Shugaban gwamnati Thiers daga Versailles ya turo soja,
Mako guda jini yana jiƙa ƙasa.
Sojan da Jamus ta kora a fili,
Ya zo gwada ƙwanji a kan ɗan'uwansa.
Dubbai sun mutu, dubbai an kwashe su,
Zuwa New Caledonia, tsibiri can nesa.

Badamagare:
Ƙanena, ka faɗi gaskiya, bari in ɗora,
Ragowar kunyar nan mu muka ɗanɗana ɗacinsa.
Firaminista Jules Ferry ya ce a nemo ƙasashen mallaka,
Bismarck na murna, an manta da fansa.
A 1899 hafsoshin Faransa Voulet da Chanoine
Suka afka wa Ƙonni, suka ƙone birninsa.
Sarauniya Mangu a Lugu ta tare su,
Kakata na ba mu labarin har ta ƙosa.
Amadu Kuran Daga, sarkin Damagaram,
A shekarar nan shi ma ya rasa ransa.

'Yar Gobir:
Baba Badamagare, na ji, kuma ya taɓa ni,
Amma Gambetta ina nan kan yabonsa.

Mai Alƙalami:
Madalla da ku. Saura kayen 1940,
Wa zai ɗauko mana Marshal Pétain da zamaninsa?