Me za a kira sana'ar Anne Coates?

Maman Khalifa: Assalamu alaikum. Gobe da safe zan naɗi shirin rediyo a kan Anne Coates, 'yar Ingila da ta ci kyautar Oscar da aikinta a fim ɗin Lawrence of Arabia na 1962. Sunan sana'ar ne ya tsaya mini. Edita zan ce?

Malam Ɗanladi: Mai tace hoto mana. Haka ake rubutawa a jerin sunayen finafinan Kannywood.

Maman Khalifa: Malam, da na ce tacewa, Bakano Hukumar Tace Finafinai zai tuna, ya zaci matar 'yar cire abin da bai dace ba ce.

Baba Tela: Maɗinkiyar fim! A zamaninta ba kwamfuta fa. Hoto 24 ke wucewa a kowace daƙiƙa, a leƙa fim ɗin a injin Moviola, a yanke, a liƙa. Ina bambancinsa da aikina?

Yaya Rabi: Baba, liƙi aikin yaran shago ne. Ku dubi inda jarumin fim ɗin, Peter O'Toole, ya hure ashana, nan take sai ga hamada rana na shirin ɓullowa. A lokacin an saba a narkar da hoto cikin hoto, ita da darakta David Lean suka datse shi kai tsaye. Wannan ido ne da shawara.

Baba Tela: To tela ba shi da ido ne? Maɗinkiya dai.

Ɗan Damagaram: Mu nan montaj muke ce wa aikin, kowa ya gane. Amma na san ku, in ba daga Kano kalma ta fito ba, ba Hausa ba ce.

Malam Ɗanladi: Montaj Faransanci ne, ɗan'uwa.

Ɗan Damagaram: Edita kuma daga Daura aka kawo shi ko?

Malam Ɗanladi: Shi ya sa na ce tace. Aro ya yi mana yawa, sai ka ce ba mu da gado.

Maman Khalifa: Don Allah ku bar wannan, dare na yi. Mai haɗa fim fa?

Yaya Rabi: Za a ɗauka furodusa ce. Ki ce mai haɗa hoton fim.

Maman Khalifa: Shi ke nan. A farko zan ce edita, wato mai yanka da haɗa hoton fim, daga nan in ci gaba da edita.

Malam Ɗanladi: Ban gamsu ba, amma shirinki ne, Hajiya.

Baba Tela: Ko sau ɗaya ki jefa maɗinkiya, ki ji abin da masu kiran waya za su ce.