Gary Coleman: iyayensa ne suka cuce shi ko kuwa shaharar yarinta ce?

Maman Khalifa: Jama'a ni fa har yau in na tuna Arnold na Diff'rent Strokes, shirin barkwancin talabijin ɗin Amurka, sai raina ya ɓaci, ɗan kumatun nan da yadda yake turo baki yana hararar yayansa Willis. Gary Coleman da ya fito a Arnold ya fara shirin a 1978 yana ɗan shekara 10 aka yi ta yi har 1986, lokacin da yake tashe kuɗinsa sun kai dala 100,000 a kowane kashi, amma a ce ya ƙare yana aikin gadi? Ni na ce iyayen da suka ɗauke shi riƙo su suka cuce shi.

Abu Hanif: Maman Khalifa ki yi haƙuri, kin manta ciwo. Da ciwon ƙoda ya tashi, sau biyu ana masa dashe, 1973 da 1984, ga wankin ƙoda daga baya, ciwon da magungunan su suka tsayar masa da girma tsayinsa bai wuce ƙafa 4 da inci 8 ba. To da shirin ya ƙare wa zai ba shi rol ɗin babban mutum? Gashi ya girma amma kowa Arnold yake gani.

Maman Khalifa: Ai ciwon shi ya ƙara min jin haushi malam! Yaro na fama da ƙoda yana fita aiki kuna cin guminsa. Kuma ba ni na faɗa ba, shi da kansa ya maka su a kotu a 1989 tare da mai kula masa da kuɗi, a 1993 kotu ta ba shi gaskiya da kusan dala miliyan 1.3.

Yaya Sadiya: To Dana Plato da Todd Bridges da suka fito tare da shi a shirin fa, su ma iyayen Gary ne suka rene su? Yara uku a shiri ɗaya ba wanda ya fita lafiya, Dana ta rasu a 1999 tana shekara 34 sanadin ƙwayoyi, Todd ya faɗa hodar iblis har ya sha zaman kotu kafin Allah ya shirye shi. Harkar ce kanta, a ɗora yaro a sama kullum tafi ake masa rana ɗaya a sake shi ba karatu ba sana'a.

Abu Hanif: Kuma akwai doka a Kalifoniya tun 1939 saboda abin da aka yi wa Jackie Coogan, yaro ɗan fim da aka cinye masa kuɗinsa, yanzu dole a ajiye wa yaro kashi 15 cikin 100 na kuɗin da ya samu. Shi Gary ko bayan ya ci shari'a, a 1999 ya bayyana cewa ya tsiyace, kuɗin asibiti ba wasa ba ne a Amurka.

Maman Khalifa: Kashi 15 kacal, sauran 85 ɗin a hannun wa suke? Nan fa nake magana.

Yaya Sadiya: Ni abin da ya fi taɓa ni 2003 da ya tsaya takarar gwamnan Kalifoniya ya zo na 8 cikin mutum 135, amma jama'a dariya suka ɗauki abin. A 2010 ya faɗi a gidansa a Yuta jini ya taru a kansa, ya rasu yana shekara 42.

Maman Khalifa: Na ji naku wallahi, ciwo da harkar duk sun taka rawa. Amma furodusa ba shi ya ɗauko jaririn nan ya ce zai riƙe shi amana ba, ni dai ina nan a kan bakata.