Musayar Waƙa: Majigin Magudanar Stalin

Ɗan Gobir: Na kalli tsohon majigin Rasha kan magudanar da fursunoni suka haƙa daga Tafkin Onega zuwa Farin Teku, 1931 zuwa 1933, zamanin Stalin, shugaban Tarayyar Soviet.

Majigi ya nuna ana haƙa da fara'a,
Diga, shebur, baro, ba injin sana'a,
Kilomita 227 cikin wata 20,
Sun ce fursuna ya shiryu, ya koyi ɗa'a.

Baffa Mai Alƙalami:
Ɗana, majigin Stalin ya ruɗe ka,
'Yan sandan ciki ne suka tace maka,
Mutum 12,000 a takardunsu sun mutu,
Ina kabarinsu a hoton da aka nuna maka?

Ɗan Gobir:
Baffa, sa tabarau ka karanta da kyau,
"Sun ce" na rubuta, kar ka yi min rinjau,
Wanda bai cika awo ba a rage masa burodi,
Yunwa ta kayar da shi, na sani tun ba yau.

Hajiya Ta Damagaram: Baffa, Allah ya ƙara basira. Yaro bai kai ba.

Sha'irin Zazzau: Hajiya, a yi adalci. Baffa ya rufe ɗango biyu da "maka", wannan gurgun amsa-amo ne.

Baffa Mai Alƙalami: To shi "rinjau" a wane gari ake faɗinsa? Kuma ɗangonsa na uku ya fi ƙarfin kari.

Sha'irin Zazzau: Naka na huɗu tsawonsu ɗaya da shi, ƙirga gaɓoɓin.

Hajiya Ta Damagaram: Malam, kullum kana bayan Ɗan Gobir, mun gane.

Malama Ta Kumasi: Na makara, amma ga nawa.

Kuna ta awon gaɓa, an bar mutanen rami,
Manoma da aka kwaso aka rufe musu baki da linzami,
Zurfin magudanar mita 3.5, babban jirgi bai wucewa,
Gorki da sauran marubuta suka yabe ta da alƙalami.

Ɗan Gobir:
Malama, kin tuna min diban gwamna,
Kuzar Jos, 1942, an kwashi mazan karkara ba zama,
Can ƙanƙara, nan sanyin dutse...

Na huɗun ya ƙi zuwa. Wa zai cike?

Baffa Mai Alƙalami: Gyara na biyun tukuna, ɗana. "Gwamna" da "zama" ba su haɗu ba.